Dutsen da wai yake shanye ƙara: wanne ne na fim, wanne ne na gaske, kuma wa zai biya kuɗin ruɗanin

Maganar nan ta sake tasowa a guruf-guruf na WhatsApp da TikTok, har ta sauko majalisu da teburin mai shayi a ƙauyukanmu na Kano da Jigawa. Wai akwai wani dutse da ake kira baibiraniyom, a jikin bidiyon ana rubuta shi Vibranium, wanda in ka ajiye shi kusa da rediyo sai ƙarar ta mutu, in ka maka masa guduma ko gezau sai dai ya haɗiye bugun ya adana, wasu ma sun ce yana kunna ƙwan fitila ba batir ba sola ba NEPA. Wai Turawa da 'yan Chana nemansa suke ruwa a jallo, giram ɗaya ya fi zinare tsada. Daga nan sai aka jawo duwatsun Birnin Kudu masu amo irin na ƙararrawa cikin zancen, aka ce ai ga shi nan ma a gida, a kansa muke zaune ba mu sani ba.

Abin da ya rikita jama'a shi ne abubuwa uku ne daban-daban aka cakuɗa. Akwai ƙarfen da marubuta suka ƙaga, wanda babu shi a doron ƙasa. Akwai duwatsu masu ƙara, waɗannan suna nan kuma ana iya zuwa a taɓa su. Sannan akwai wani dutse na gaske da ke da alaƙa da sauti da lantarki, wanda mai yiwuwa akwai shi a ɗakinka yanzu haka. Duk wanda ya rarrabe ukun nan ya gama fahimtar rabin rigimar.

## Daga ina sunan ya fito

Baibiraniyom haifaffen littafin zane ne na kamfanin Marvel da ke Amurka. A 1966 ya fara bayyana, shekarar da Stan Lee da Jack Kirby suka ƙago wani sarki jarumi da ƙasarsa Wakanda, ƙasar da babu ita a taswirar Afirka ko ta ko'ina. A labarin, wani ƙaton dutse ne ya faɗo daga sama tun zamanin da, ya zama tudu guda na wannan ƙarfe, mutanen ƙasar suka ɓoye shi wa duniya suka gina ci gabansu a kansa. Siffar da marubutan suka ba shi ita ce yana tsotse sauti da girgiza da ƙarfin duk wani bugu, ya riƙe a cikinsa, har a iya sakin ƙarfin daga baya. Akwai ma wani nau'i na biyu da suka ce yana can ƙarshen kudancin duniya wurin ƙanƙara, shi kuma girgiza yake fitarwa mai narkar da duk ƙarfen da ya matso kusa da shi.

Shekara da shekaru abin yana cikin littattafan yara, sai fim ɗin Black Panther na 2018 ya fito da shi fili, ya ci kasuwar sama da dala biliyan 1.3, na biyunsa ya biyo baya a Nuwamba 2022. A nan wajenmu ta hannun masu tura fina-finai a waya da gidajen kallo ya shiga lungu-lungu. Kuma fa fim ɗin an shirya shi ne yadda zai yi kama da gaske: harshen da mutanen Wakanda ke yi harshen Xhosa ne na Afirka ta Kudu, kayan jikinsu an ɗebo daga ƙabilun Afirka na ainihi, wani faɗa na farko-farkon fim ɗin ma an rubuta a allo cewa a dajin Sambisa na Najeriya yake faruwa. To mutumin da ya ga sunan Sambisa, wurin da yake ji a rediyo kullum, ba abin mamaki ba ne ya ɗauka ita ma Wakandar tana can wani wuri, ƙarfen ma haka. Balle idan guntun bidiyo ne aka yanko aka turo masa, da murya a kai tana cewa an gano shi.

## Ita ƙarar ma mece ce, kuma ana iya adana ta?

Sai mun tsaya a nan kaɗan don duk zancen a kanta ya rataya. Sauti girgiza ce kawai. Abu ya motsa gaba da baya da sauri, ya tunkuɗi iskar da ke kusa da shi, ita ma ta tunkuɗi ta gabanta, har ta iso fatar cikin kunne. A iska yana gudun kusan mita 343 a daƙiƙa, a ruwa kusan 1,480, a cikin ƙarfe da dutse mai tauri kuwa ya kan kai mita 5,000 ko fiye. Wato abu mai tauri ba ya kashe sauti, hanya ma yake ba shi mai kyau, ko kuma ya dawo da shi baya a ji amsa-kuwwa.

Abin da ke shanye sauti shi ne abu mai laushi mai ƙofofi, irin su soson katifa, auduga, bargo, labule mai kauri. Shi ya sa masu situdiyon waƙa suke manna soso a bango, shi ya sa kuma ɗakin soro na ƙasa yake shiru lokacin ruwan sama alhali mai rufin kwano ko maganar na kusa da kai ba ka ji. Sautin da soso ya shanye ba adana shi yake ba, zafi yake zama, ɗan mitsitsi da hannu ba zai ma ji ba. A cikin ƙarafa akwai wanda ba ya amo, wato dalma, amma ita dalma taushi gare ta, da farce ma ana karce ta. Injiniyoyi sun haɗa wasu gami na manganis da jan ƙarfe masu rage girgiza, ana yi wa jiragen ruwan yaƙi farfela da su don kada a ji motsinsu, amma ragewa suke, ba sa tarawa su mayar maka. Ƙarfen fim ɗin an ba shi halaye biyu masu karo da juna, ya fi komai tauri kuma ya fi komai shanyewa, a takarda wannan ba wuya, alƙalami ne kawai.

Sai lissafin da ya fi kashe bakin zancen. Ƙarfin muryar mutum mai hira ta yau da kullum kusan kashi 1 ne cikin 100,000 na wat ɗaya. Ƙaramar cajar waya wat 5 take bayarwa. Ke nan ko da a ce akwai dutsen da ke kwashe sauti kaf ba asara ya mayar da shi wuta, sai ka tara mutum 500,000 suna surutu a kansa ba tsayawa kafin ya yi aikin caja ɗaya. Kunnenmu ne mai tsananin ji, shi ya sa muke ganin kamar ƙara abu ne mai ƙarfi.

Ta fuskar sinadarai kuma, jerin asalin sinadaran da aka sani 118 ne, an jera su da lamba daga 1 har ƙarshe ba gurbi ko ɗaya a tsakani da wani zai shigo. Kusan 94 ake samu a halitta, sauran a ɗakin gwaji ake ƙera su, na can ƙarshen jerin ma cikin daƙiƙoƙi ko ƙasa da haka suke rushewa. Ma'adini kuma wani abu ne daban, shi haɗuwar waɗannan sinadaran ne a cikin ƙasa, kamar kuza da tozali da kanwa, an san kusan 6,000, kuma duk shekara ana ƙara sababbi wajen 100. Sabon ma'adini dai ana samu, amma daga tsofaffin sinadaran nan yake haɗuwa, ba ya zuwa da wata sabuwar doka.

## Duwatsun Birnin Kudu

Waɗannan kam gaskiya ne. A Birnin Kudu akwai wuraren da ake kira Dutsen Mesa da Dutsen Habuɗe da wasunsu, inda mutanen zamanin can baya suka zana shanu a jikin kogo da jan launi da fari, akwai masu dogon ƙaho marasa tozo, akwai masu tozo. Kusa da zanen akwai falalen duwatsu waɗanda in ka ɗauki ƙaramin dutse ka ƙwanƙwasa sai ka ji amo ya tashi kamar ka bugi ƙarfe, ka matsa gefe kaɗan ka sake bugawa muryar ta canza, wata siririya wata mai kauri. In ka duba da kyau za ka ga 'yan ramuka masu santsi a bakin dutsen, daidai inda hannuwa suka yi ta bugu tsawon zamani har wurin ya lotsa, yatsa na shiga ciki. Bernard Fagg, Baturen Ingila da ya kafa gidan tarihi na Jos a 1952, shi ya fara rubuta labarinsu ga masana bayan ya gan su a 1955, lokacin Birnin Kudu na lardin Kano tunda Jigawa sai 1991 aka ƙirƙiro ta. Mutanen gari kuwa ai sun riga shi sani da daɗewa. Bayan nan an samu irinsu a wurare da dama na Arewa, har da Kufena ta Zariya.

Me ke sa su amo? Ba wani ɓoyayyen ƙarfe ba ne a ciki. Dutsen giranait ne, irin wanda ake fasawa a zuba a kankare. Sharaɗin kawai shi ne ya zama dunƙulalle ba tsaga a cikinsa, kuma yana zaune a kan 'yan wurare kaɗan da sarari a ƙarƙashinsa, ta yadda in an buge shi zai samu damar girgiza ba tare da ƙasa ta riƙe shi ba. Duk macen da ta taɓa sayen tukunyar ƙasa a kasuwa ta san wannan ilimin, takan ƙwanƙwasa da yatsa, in ta ji "ƙal" mai tsawo lafiyayya ce, in ta ji "ɓus" akwai tsaga ko da ido bai gani ba. Girman dutsen da kaurinsa da yadda ya zauna su ke yanke irin muryar da zai bayar.

Kuma ba mu kaɗai ke da su ba. A jihar Pennsylvania ta Amurka akwai fili guda na duwatsu masu amo da mutane ke zuwa da guduma suna bugawa don nishaɗi. A Chana an tono jerin duwatsun kiɗa a kabarin wani basarake da aka binne wajen shekara 433 kafin haihuwar Annabi Isa. Babu inda aka fasa irin wannan dutse aka samu wani abu da ya wuce dutse.

A lura da wani abu ma: dutsen Birnin Kudu fitar da ƙara yake yi, na fim kuwa an ce haɗiye ta yake. Kishiyoyin juna ne. Amma a bakin dillali duk ɗaya ne, tunda kalmar "ƙara" ta fito a duka biyun.

## Dutsen da da gaske yake haɗa sauti da lantarki

Ɗaga kai ka kalli agogon bango, akwai yiwuwar ka ga an rubuta Quartz a fuskarsa. Farin dutsen nan ne mai kama da gilashi da muke ce wa ƙanƙara, wanda yara ke haɗa biyu su ƙyasta da daddare su ga tartsatsi. A 1880 wasu 'yan uwa biyu a Faransa, Jacques da Pierre Curie, suka gano cewa in ka matse shi yana fitar da 'yar wutar lantarki, daga baya aka tabbatar in ka ba shi wuta shi kuma sai ya motsa. A cikin agogo akwai ɗan ƙaramin yankinsa da batir ke sa shi girgiza sau 32,768 a daƙiƙa ɗaya, da wannan ƙidayar agogon ke sanin lokaci. Lokacin yaƙin duniya na ɗaya Paul Langevin ya yi amfani da shi wajen tura sauti cikin teku don gano jiragen ƙarƙashin ruwa. Na'urar sikanin da ake ɗora wa mai juna biyu a ciki a asibiti da wannan dabarar take aiki, tana tura sautin da kunne ba ya ji ya dawo a mayar da shi hoto, haka ma laitar gas mai yin "ƙas" in an danna, sai dai su waɗannan yawanci wani haɗi ne na masana'anta ake sa musu ba dutsen daji ba.

To ai ke nan akwai ƙamshin gaskiya a zancen? Akwai, amma da iyaka. Wutar da yake bayarwa ta ƙiftawar ido ce, daidai lokacin da aka matse shi, ba ya tara ta, ba ya kunna fitila ta zauna. Sannan ba shi da wuyar samu, yana cikin ma'adinan da suka fi yawa a ɓawon ƙasa, yawancin yashin rafi ma shi ne. Wanda ake sa wa a agogo da waya kuwa a masana'anta ake rainonsa cikin manyan tukwanen ƙarfe masu zafi da matsi, don na daji yana da datti da tsaga. Buhun farar ƙanƙara daga bayan gari ba abin da kamfanin agogo zai yi da shi.

## Bidiyon Kwango

A Janairun 2023, wata biyu bayan fitowar fim na biyu, wasu bidiyoyi suka karaɗe duniya, a ɗaya ana haɗa duwatsu biyu masu ƙyalli suna tartsatsi, a wani ana jona waya a jikin dutse ƙaramin ƙwai ya kama. Aka ce a Kwango aka gano, aka liƙa masa sunan ƙarfen fim. BBC da Reuters sun nuna wa masana ilimin duwatsu bidiyoyin, amsar ta zo iri ɗaya: dutse ba ya ajiye wuta haka. Batir sai da abubuwa biyu mabambanta da wani sinadari a tsakaninsu, shi ya sa yake da kai da gindi. Dutse guda ba shi da wannan. Amma akwai ma'adinai masu ƙyallin ƙarfe, irin farait mai ruwan zinare da ke yawan yaudarar masu haƙa, waɗanda wuta ke iya ratsawa ta cikinsu, don haka in akwai batir a ɓoye inda kyamara ba ta nuna ba, dutsen zai yi aikin waya ne kawai. Waɗannan bidiyoyin su ne har yau ake sake turowa, a canza murya, a canza sunan ƙasa, wani lokaci a ce a wani ƙauyen Arewa ne.

## Abin da kowane ɓangare ke cewa

Masu cewa akwai shi ba wawaye ba ne, suna da hujjar da suka dogara da ita. Sun ce an sha raina dutse a ƙasar nan daga baya ya zama kuɗi. Litiyom da ake rububinsa yanzu a Nasarawa da Kwara, 'yan shekarun baya wa ya san shi a ƙauye? Kwango ita ke fitar da kusan kashi 70 cikin 100 na kobal ɗin duniya da ake batir da shi, amma dubi talakanta. Kuzar Jos da ta Riruwai a ƙaramar hukumar Doguwa, wadda mutanen wurin ke narkawa tun kafin zuwan Turawa, an kwashe ta shekaru, me aka bar musu? Don haka in masani ya ce "babu", sai su ji kamar ana so ne a saye a hannunsu da arha. Wannan zargin yana da tushe a tarihi. Inda ya yi rauni shi ne litiyom da kobal da kuza duk an san su a littafi tun kafin a zo nema, suna da farashi a kasuwar duniya da kowa zai iya dubawa, akwai masana'antar da ke amfani da su. Baibiraniyom ba shi da ko ɗaya, abin da yake da shi kawai sunan waɗanda suka ƙage shi da shekarar da suka yi hakan.

Suna kuma kawo zancen dutsen sama, nan ma akwai gaskiya. A Oktoban 1962 wani dutse mai nauyin kilo 18 ya faɗo a gona a Zagami ta ƙasar Katsina, bincike ya nuna daga duniyar Mars ya zo. A 2023 an tsinci wani mai kusan kilo 25 a yankin Agadas ta Nijar, aka yi gwanjonsa a New York a Yulin 2025 kan dala miliyan 5.3, har gwamnatin Nijar ta buɗe bincike kan yadda aka fitar da shi. Sai dai tsadarsu ta ƙarancinsu ce da sha'awar masu bincike da masu tara kayan tarihi, ba sa shanye ƙara ba sa ba da wuta, sinadaran cikinsu irin na nan ne.

Ɗaya ɓangaren, yawanci 'yan boko da matasan da suka kalli fim ɗin tun daga farko har ƙarshe, cewa suke duk ƙarya ce a watsar. Game da ƙarfen sun yi daidai. Amma in suka haɗa har da duwatsu masu amo da aikin farin dutsen ƙanƙara suka ce duk tatsuniya ce, sai dattijon da ya taɓa buga dutsen da hannunsa ya ji amon ya daina saurarensu gaba ɗaya, daga nan dillali ya samu ƙofa.

Akwai kuma dattawan da ke ganin irin waɗannan duwatsu mazaunin iskoki ne, ba a wasa da su, kamar yadda ake cewa gatarin aradu daga sama yake faɗowa, alhali masu binciken tarihi sun ce gatura ne na dutse da mutanen zamanin can baya suka wasa da hannunsu. Ko mutum ya yarda da wannan fahimta ko bai yarda ba, ita ce dai ta hana a farfasa duwatsu da yawa tsawon zamani.

## Yadda cinikin ke tafiya

Salon ba sabo ba ne, wanda aka yi da jar zaiba, wani sinadari da masu jita-jita ke cewa yana da tsadar gaske, shi ne aka sake wa riga. A 2009 a Saudiyya jita-jita ta bazu cewa akwai jar zaiba a cikin tsofaffin kekunan ɗinki na Singer, farashin keke ya haura har riyal 200,000, mutane na kara waya a jikin allura wai in sabis ya ɗauke to akwai ta a ciki, daga ƙarshe hukuma ta ce damfara ce. A nan ma an sha jin ana neman tsohon dutsen guga na gawayi da tsofaffin kwabbai da irin wannan labarin.

Mutum uku ne galibi. Na farko ya zo da mota mai kyau ranar kasuwa, ya ce wakilin wani kamfani ne, yana neman dutse mai kaza da kaza, ko nawa ne zai biya, ya bar lamba ya tafi. Bayan kwana biyu na biyu ya ɓullo, shi kamar baƙauye ne da bai san darajar abin da ke hannunsa ba, ya kwance ƙulli a tsumma: "Alhaji, a gona na tsinta, ni dai ko kuɗin taki ne a ba ni." A kunna waƙa a waya, a ɗora dutsen daidai kan sifika, ƙara ta dusashe, kowa ya yi salati. Ba wanda ya tuna ya ɗora guntun bulo ko tafin hannunsa ya ga ai haka za ta dusashe. In rediyon mai bulutut ne ma ya fi sauƙi, wani na gefe da waya a aljihu shi ke rage murya. In gwajin ɗaukewar sabis ne, a sa wayar da dutsen cikin gwangwani a rufe, alhali gwangwanin ne ke tare sabis ɗin. Alhaji ya kira wakilin kamfani, ya ce maza a riƙe masa yana hanya. Sai na uku ya shigo, mai gwaji, shi kuma sai an biya kuɗin sinadari da na takardar shaida. Ranar da aka gama biya lambobin uku duk a kashe.

## Abin da zai iya shafar mutanen karkara

Na farko dai kuɗi, kuma a ƙauye kuɗi na nufin shanun huɗa, ko buhunan da aka ajiye don bazara, ko gonar da za a jinginar. Wanda aka yi wa ba kasafai yake faɗa ba saboda kunya, shi ya sa 'yan damfarar ke iya matsawa gari na gaba da labari ɗaya.

Na biyu lafiya, wannan ya fi na farko nauyi. In jita-jita ta yi ƙarfi matasa kan fara haƙa da fasa duwatsu suna kawowa gida a daka. A Zamfara a 2010, a ƙauyukan Anka da Bukkuyum, dutsen zinare da ake niƙawa a cikin gidaje ya zo da dalma a jikinsa, ƙurar ta shiga ƙasar tsakar gida da abinci, yara sama da 400 suka rasu, wasu dubbai suka kamu, sai da ƙungiyar likitoci ta MSF ta shigo aka kuma kankare ƙasar gidaje aka zuba sabuwa. An sake ganin irinsa a ƙaramar hukumar Rafi ta jihar Neja a 2015. Ita kanta ƙurar farar ƙanƙara in ana shaƙa tana taruwa a huhu ta jawo ciwon da ba ya warkewa. Ga ramukan da ke ruftawa da mutane, musamman da damina.

Na uku doka, wadda da yawa ba su san ta ba. Sashe na 44(3) na tsarin mulkin 1999 ya ce duk ma'adinin da ke ƙarƙashin ƙasa na gwamnatin tarayya ne, ko da a tsakiyar gonar gadonka yake. Dokar ma'adinai ta 2007 ta ce haƙa sai da lasisi, saye da ajiyewa ma sai da izini, kuma tun 2024 akwai runduna ta musamman daga jami'an Sibil Difens da ke kamen masu haƙa ba izini. Dokar ta fifita haƙar ma'adini a kan sauran amfanin ƙasa, abin da mai gona ke da haƙƙi a kai shi ne diyya da kuɗin hayar fili, kuma mai neman lasisi yana buƙatar takardar amincewar mai filin. Don haka duk takardar da baƙo ya kawo ya ce "Baba sa hannu nan kawai, ta gwaji ce", ya kamata wani mai karatu ya karanta ta a gaban dagaci ko hakimi tukuna, don ko dutsen fim babu, ƙila akwai wani abin na gaske da ake hari a filin.

Sai su duwatsun masu amo. Wuraren zanen Birnin Kudu suna cikin kayan tarihin ƙasa da ke ƙarƙashin hukumar gidajen tarihi ta tarayya, lalata su laifi ne. Kuma tunda amon daga girman dutsen da zamansa yake fitowa, wanda ya sa guduma ya ɓalli guntu don ya kai wa mai saye zai tashi da tsakuwar da ba ta ƙara, uwar dutsen ma in tsaga ta shige ta muryarta ta tafi ke nan, ba a gyarawa.

Wanda ya tsinci dutsen da ya ba shi mamaki, mai nauyi fiye da kima ko mai ƙyalli ko mai kama maganaɗisu, akwai inda ake kaiwa. Hukumar binciken ƙasa da ma'adinai ta tarayya tana da ɗakin gwaji a Kaduna, akwai kuma sashen ilimin duwatsu a Jami'ar Bayero da ta Ahmadu Bello a Zariya. Ɗan guntu ake kaiwa ba duka ba, a sa a na'ura ta fitar da sunayen sinadaran da ke ciki da yawan kowanne a takarda. Mai sayen ma'adini na gaske da wannan takardar yake ciniki, kuma shi ke biyan kuɗin nasa gwajin, ba ya cewa mai dutse ya fara kawo wani abu.